Subrata Mitra, mutumin da ya shigo da hasken tsakar gida cikin sitidiyo

Wani matashi mai koyon aikin kyamara ya aiko da wannan tambaya: "Tun ina yaro nake kallon finafinan Indiya, amma kwanan baya wani malaminmu ya ce a duk masu ɗaukar hoton Indiya babu kamar wani mutumin Bengal da ake kira Subrata Mitra. Ni ban taɓa jin sunansa ba. Wane ne shi, kuma me ya yi da har ake ɗaga shi haka?"

Ƙanena, rashin jin sunansa ba laifinka ba ne. Finafinan Indiya da muka taso muka tarar a gidajen silima, daga baya kuma a kaset, kusan dukkansu na Bombay ne, cikin harshen Hindi. Shi kuwa Mitra mutumin Kalkata ne, can gabashin ƙasar, inda ake yin fim da harshen Bengali a sitidiyoyin unguwar Tollygunge. Irin finafinan da ya fi ɗauka ba su da rawa da waƙa yadda muka saba, ba su da bos da ɗan wasa, saboda haka masu fataucin fim ba su ga abin da zai sa su kawo mana su ba. Ni kaina na yi shekaru ina riƙe da kyamara kafin wani aboki ya zaunar da ni ya nuna mini Aparajito, ɗaya daga cikin finafinan da Mitra ya ɗauka, kuma tun daga ranar ban sake kallon fitila da idon da nake kallonta a da ba.

Maganar "babu kamarsa" kuwa, ni ba na son jera gwanaye kamar ana rabon kyauta. A Bombay akwai V. K. Murthy, wanda ya ɗaukar wa darakta Guru Dutt finafinan Pyaasa da Kaagaz Ke Phool, kuma duk wanda ya san haske ya san ya yi abin a yaba. A Kalkata ma an yi manya kafin Mitra. Bimal Roy, kafin ya zama babban darakta, shi ya ɗauki Devdas na harshen Hindi a sitidiyon New Theatres. Amma na gane abin da malaminku yake nufi. Yawancin gwanayen wancan lokaci tambayar da suke yi ita ce yaya za a haska fuskar jaruma ta yi kyau. Mitra ya zo da wata tambayar daban: a wannan ɗaki, a wannan sa'a, daga ina haske yake shigowa? Duk aikinsa a kan wannan tambaya ya ginu.

Don ka fahimci nauyin abin, sai ka san yadda ake haska fim a lokacin. A cikin sitidiyo ake yin kusan komai. A rataye manyan fitilu a sama, a saita ɗaya ta bugi fuska daga gaba, wata ta cike inuwar da ta farkon ta bari, wata kuma daga baya ta zana farin layi a gashi da kafaɗa. Ko talaka ne a bukkarsa da tsakar dare, sai ka ga gashinsa yana walƙiya. In ka duba bangon da ke bayan ɗan wasa sai ka ƙirga inuwarsa biyu, uku, wani lokaci huɗu, kowace ta nufi nata gefen. Mai kallo ba zai ce maka ga abin da ya dame shi ba, amma zuciyarsa ta san wannan ba ɗaki ba ne, dandalin wasa ne. Tsofaffin ma'aikata kuma sun yi imani cewa ba a ɗaukar fim mai kyau a waje cikin ruwan sama, ko da asuba, ko da almuru.

An haifi Subrata Mitra a Kalkata ranar 12 ga Oktoba, 1930. Ɗalibin kimiyya ne, yana ɗaukar hoto mara motsi don sha'awa, yana kuma kaɗa sitar, molon nan na Indiya mai dogon wuya. A wajajen 1950 daraktan Faransa Jean Renoir ya zo Bengal ɗaukar fim ɗinsa The River. Mitra ya nemi aiki a wurin bai samu ba, amma ya nace har aka bar shi ya riƙa zuwa yana kallo. Kallon nan shi ne makarantarsa. Yakan zo da littafinsa, ya zana inda aka ajiye kowace fitila, inda kyamara take, da yadda 'yan wasa suke motsawa. Rubutun nasa ya yi tsaf har wata rana mai ɗaukar hoton fim ɗin, Claude Renoir, ya nemi littafin don ya duba yadda ya jera fitilunsa a wata fitowa da za a sake ɗauka. A wurin ne ya haɗu da mutum biyu da za su sauya masa rayuwa: Bansi Chandragupta, mai tsara ɗakuna da kayan fim, da kuma wani dogon saurayi mai zane a kamfanin talla, Satyajit Ray, wanda yake ta burin mayar da littafin Pather Panchali na Bibhutibhushan Bandyopadhyay zuwa fim.

Da Ray ya tashi fara aikin, sai ya danƙa wa Mitra kyamara. Yaron yana ɗan shekara 21, kuma bai taɓa ɗaukar ko taku ɗaya na hoto mai motsi ba. Ray ma bai taɓa ba da umarni ba. Mutane suna ba da wannan labari kamar sa'a ce kawai ta faɗo musu, ni kuwa ba haka nake ganinsa ba. Ray ya kalli Bicycle Thieves na Italiya a Landan a 1950, ya ga ana iya yin fim a titi da mutanen da ba 'yan wasa ba. Su biyun suna ƙaunar hotunan Henri Cartier-Bresson, Bafaranshen da yake ɗaukar hoto da hasken da ya tarar a wuri. Ray ya san in ya ɗauko tsohon hannu daga Tollygunge, kullum sai sun yi jayayya a kan abin da "ba a yi". Ya gwammace wanda idonsa ya buɗe amma hannunsa bai riga ya saba da wata ɗabi'a ba. Kuma ba su shiga a makance ba, sai da suka yi gwaji da ƙaramar kyamara mai milimita 16, cikin ruwa da ƙarancin haske, suka ga hoton yana fita.

An fara ɗauka a watan Oktoba na 1952, ranakun hutu kawai, don Ray yana aikin ofis. Fitowar farko da suka tunkara ita ce wadda ta fi shahara a fim ɗin: Apu, yaron da labarin yake kansa, da yayarsa Durga sun yi nisa da gida, sun shiga wani fili cike da furen kash, wata doguwar ciyawa mai farin kai, irin kyauron nan namu na bakin fadama, sai ga jirgin ƙasa, karon farko da suka gan shi a rayuwarsu. Sun ɗauki rabi, suka ce sai mako mai zuwa. Da suka dawo, shanu sun cinye furen tas. Dole aka jira kakar baɗi. In ka kalli fitowar yanzu ba za ka ga ɗinkin ba. Abin da za ka gani shi ne farin fure yana kaɗawa, sama ta yi toka-toka, sannan baƙin hayaƙin jirgi ya keto ta tsakiya. A hoto mara kala ba ka da ja ko kore da za ka jingina da su. Fari da baƙi da abin da ke tsakaninsu, su ne duk dukiyarka, kuma yaron da bai taɓa riƙe kyamarar fim ba ya san yadda zai kashe su.

An sha wuya kafin a gama. Kuɗi ya yanke, aiki ya tsaya wata da watanni, matar Ray ta jinginar da gwala-gwalanta, sai daga baya gwamnatin Bengal ta Yamma ta sa kuɗi aka ƙarasa. A ƙauyen Boral, kusa da Kalkata, aka yi yawancin ɗaukar. Akwai wurin da mai sayar da alewa yake tafe da kayansa a kafaɗa, yaran suna bin sa, kare yana bin su, sai kyamara ta bar su ta koma kan hotonsu da ke kife a cikin ruwan kududdufi. Akwai ƙwarin da ke yawo a kan ruwa kafin saukar damina, da ɗigon farko, da Durga tana juya gashinta cikin ruwan sama na gaske. Akwai tsohuwa Indir tana yi wa yara tatsuniya da dare, inuwarta ta cika bango, haske daga wuri ɗaya tak kamar na aci-balbal. Shahararren makaɗin sitar Ravi Shankar ne ya yi kiɗan fim ɗin, amma akwai wuraren da sitar ɗin Mitra ne kake ji. Fim ɗin ya fito a 1955, ya kuma karɓi kyauta a bikin Cannes a 1956.

To, yanzu ga inda gizo yake saƙa. Fim na biyu, Aparajito, ya bi iyalin Apu zuwa birnin Banaras a bakin kogin Ganga. Gidajen tsohon birnin dogaye ne, benaye a matse, ɗakuna sun kewaye wata 'yar tsakar gida da babu rufi a kanta. Rana ba ta cika sauka ƙasan kai tsaye ba. Hasken da ke isa wurin na sararin sama ne, mai laushi, yana zubowa daga bisa, ba ya yanka inuwa. Bansi Chandragupta ya so ya gina wannan gida a fili don a samu hasken Allah, amma tsoron damina ya sa aka yanke shawarar gina shi a cikin sitidiyo. Mitra ya yi ta gardama da su, yana cewa fitilun sitidiyo ba za su taɓa ba da wannan haske ba. Ba su saurare shi ba. Rashin uwa kan sa a yi uwar ɗaki: sai ya sa aka ɗaure farin ƙyalle a jikin katako, aka shimfiɗa shi a saman ginin daidai inda sararin sama ya kamata ya kasance, ya juya fitilunsa suka bar kallon 'yan wasa suka koma kallon ƙyallen. Hasken ya bugi ƙyalle ya dawo ƙasa a baje. Abin da ma'aikata suke kira bawuns ke nan a yau, wato haske mai dawowa.

Bari in tsaya a nan kaɗan, don in ka gane dalilin, ka gane rabin sana'ar. Kaifin inuwa ba daga ƙarfin fitila yake zuwa ba, daga girman wurin da hasken ke fitowa ne idan aka gwada shi da abin da ake haskawa. Ka tsaya a rana da azahar a watan bazara, inuwarka kamar an yanka da wuƙa, domin rana a idonmu 'yar ƙaramar ƙwallo ce. Ka tsaya a wuri ɗaya ranar da hazon hunturu ya rufe gari, ka nemi inuwar ka rasa, alhali gari da haske. Hazon ya karɓi hasken rana ya watsa shi, sama gaba ɗaya ta zama fitila. Fitilar sitidiyo ƙaramar rana ce. Ƙyallen Mitra kuwa hazo ne da aka ɗinka da hannu. Ya mayar da fitilu da yawa masu kaifi suka zama tushe guda mai faɗi, kuma ya ajiye tushen a inda ido ya san haske yake fitowa a irin wannan gida. Wannan na biyun shi ne mutane suke mantawa. Laushin haske kaɗai ba ya isa, sai ya fito daga inda hankali zai yarda.

Na taɓa gwada abin da hannuna, a wani tsohon gida cikin birni. Fitowar mai sauƙi ce: wata dattijuwa zaune a bakin ƙofar ɗakinta da hantsi tana tsintar shinkafa a faifai. Mun makara, rana ta riga ta juya. Na kunna fitila na saita ta a kanta yadda na saba. A allon dubawa sai na ga goshinta ya yi wani farin tabo, idanunta sun faɗa rami, inuwar faifan ta hau bango, ga wata inuwar kuma ta ƙofa ta gicciye ta. Matar gidan ta ara mana farin zanen gado. Muka ɗaure shi da igiyar shanya daga kan katanga zuwa indararo, na juya fitilu biyu suka kalle shi. Da na koma kan allon, tabon ya baje ya zama wani sheƙi mai laushi da ya bi goshi ya gangaro kumatu, layukan tsufa suka fito ɗaya bayan ɗaya ba tare da sun yi zurfi ba, har ƙwayoyin shinkafar ana iya ƙirgawa. Baƙar fata tana mayar da hoton abin da ya haska ta, kusan kamar madubi. In ka ba ta ƙaramar fitila sai ta nuna maka tabo, in ka ba ta faffaɗan fari sai ta nuna maka siffar fuska. Mitra da fatar mutanen Bengal yake aiki, masu duhu da masu haske, kuma na tabbata wannan yana cikin abin da ya sa fuskokin finafinansa suke da rai.

Kada ka ɗauka abin kyauta ne. Haske in ya bugi ƙyalle ya dawo, kaso mai yawa ya tafi, don haka sai ka ƙara fitilu, zafi ya ƙaru, kuɗin wuta ya ƙaru, ga fim ɗin wancan zamani mai cin haske da yawa kafin ya kama hoto. Sannan haske mai laushi ba shi da ladabi, ko'ina yake shiga. In ba ka tare shi da baƙin ƙyalle a wuraren da ba ka son sa ba, hoton sai ya yi lami, babu gaba babu baya. Gwanintar Mitra ita ce ya san inda zai bar duhu. Aparajito ya fito a 1956, ya ci babbar kyautar bikin Venis a 1957, kuma masu kallo da yawa ba su iya raba abin da aka ɗauka a Banaras da wanda aka ɗauka a sitidiyon Kalkata ba.

Shekaru bayan haka, Sven Nykvist na Suwidin, mai ɗaukar wa darakta Ingmar Bergman hoto, ya yi bayanin irin wannan dabara a mujallar American Cinematographer, duniya ta ɗauka daga can ta faro. Ray da Mitra duk sun nuna cewa su sun daɗe suna yi tun tsakiyar shekarun 1950. Ni ba zan ce maka kafin Mitra babu wanda ya taɓa mayar da haske daga bango a duk duniya ba, masu hoto sun san farin allo tun da daɗewa. Abin da ya yi shi ne ya mayar da dabarar ta zama ginshiƙin haska fim gaba ɗaya, da gangan, da dalili, a lokacin da ba haka ake yi ba, kuma a wurin da kayan aiki suka yi ƙaranci. Nykvist gwani ne na gaske, amma haƙƙin Mitra ne a ambace shi tun farko.

Finafinai 10 ya ɗaukar wa Ray. Bayan biyun farko akwai Parash Pathar da Jalsaghar a 1958, Apur Sansar a 1959, Devi a 1960, Kanchenjungha a 1962, Mahanagar a 1963, Charulata a 1964, sai Nayak a 1966. A Jalsaghar, labarin wani basarake da dukiyarsa ta ƙare amma ya ƙi barin shagalin kiɗa, fitilar ƙarau da ke rataye a zauren ita ce kamar ran mutumin: tana ci, tana lilo, hotonta yana faɗawa cikin kofin da ke hannunsa, kyandiroranta suna mutuwa ɗaya-ɗaya da asuba. A Apur Sansar akwai Aparna, amaryar Apu, wadda Sharmila Tagore ta fito a matsayinta tana yarinya, an kawo ta daga gidan wadata zuwa ɗakin haya a saman bene kusa da layin dogo. Tana kuka a bakin taga, mu kuma muna ganin idonta ta wata huda a yagaggen labule. Kanchenjungha shi ne fim mai kala na farko da Ray ya yi, a garin Darjeeling na kan duwatsu, inda rana da gajimare da hazo suke sauyawa tare da halin da mutanen labarin suke ciki. Wanda ya taɓa ɗaukar fitowa ɗaya a waje cikin kwana uku ya san azabar haɗa hasken jiya da na yau, balle fim sukutum da labarinsa yake faruwa a yammaci guda.

Amma in za ka kalli ɗaya kawai don koyon sana'a, Charulata nake so ka nema. Labarin matar wani mai jarida ce a Kalkata ta wajajen 1879, daga wani gajeren littafi na babban marubucin Bengal Rabindranath Tagore. Mijin yana son ta amma jaridarsa ta cinye shi, ita kuma kaɗaici yana cin ta a cikin katafaren gida. Gidan nan a sitidiyo Bansi ya gina yawancinsa, amma za ka rantse rana ce take shigowa ta baranda. A nan Mitra ya ƙera wasu akwatunan katako, ya jera ƙwayayen lantarki a ciki, ya rufe bakinsu da takarda mai shara-shara, suka zama kamar tagogi da ake iya ɗauka a kai duk inda ake so. Abin da kake saya yau a shago a matsayin fitila mai laushi, kafinta ne ya haɗa masa nasa.

Ka zauna ka kalli mintunan farko na fim ɗin, inda kusan babu magana. Madhabi Mukherjee, wadda ta fito a matsayin matar, tana yawo daga ɗaki zuwa ɗaki, ta ɗauki littafi, ta ji motsi a titi, ta ɗauko 'yar tabarau mai kawo nesa kusa, ta riƙa bin wani mai ƙiba da lema daga wannan taga zuwa waccan. Duk tagar da ta buɗe, hasken waje yana faɗo mata a fuska layi-layi ta tsakanin katakai, in ta rufe ya koma inuwar ɗaki. Sai mijin ya wuce ta gabanta, kansa a cikin littafi, bai ko gan ta ba. Ta ɗaga tabarau ta kalle shi kamar yadda ta kalli baƙon titi, sannan ta sauke hannu, hoton ya ja baya da sauri ya bar ta ita kaɗai a doguwar baranda. Ba a faɗa maka komai ba, amma ka riga ka san ciwon auren. Daga baya akwai fitowar lambu inda take kan lilo, kyamara tana tafiya tare da ita gaba da baya, fuskarta a tsaye, duniya ce take kaɗawa a bayanta. Ray ya karɓi kyautar darakta a bikin Berlin a 1965 da wannan fim. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka: tunanin na Ray ne, ginin na Bansi, hasken na Mitra, kuma da wuya ka ce ga inda na wani ya tsaya na wani ya fara.

Wannan ne ya sa rabuwarsu take yi mini ciwo. Bayan Nayak, wanda kusan dukkansa a cikin jirgin ƙasa yake faruwa, tare da babban jarumi Uttam Kumar, kuma taragun a sitidiyo aka gina su, Mitra bai sake aiki da Ray ba. Waɗanda suka rubuta tarihin Ray sun kawo dalilai. Daga wajajen Charulata Ray ya fara zama a bayan kyamara da kansa, shi yake leƙawa, shi yake juya ta. Hujjarsa ita ce ta haka ne kawai zai san ainihin abin da ya shiga hoto, kuma sababbin 'yan wasa sun fi sakewa in ba sa ganin idonsa a kansu. Mitra kuma mutum ne mai neman kamala, yana son a sake ɗauka har sai ya gamsu, abin da aljihun fim ɗin Bengali ba ya ɗauka. Akwai kuma saɓani a kan gilashin zum, mai matso da hoto ko nisanta shi ba tare da kyamara ta motsa ba, wanda Ray ya ƙara sha'awarsa. Ina ganin hujjar kowannensu. Amma a matsayina na mai wannan sana'a, na san abin da ake ji in ka yi awa biyu kana jera haske, sannan lokacin da abin yake faruwa wani ne idonsa yake kan kyamara. A wancan zamani babu allon dubawa a gefe. Wanda bai leƙa ba bai ga komai ba sai an wanko fim.

Wanda ya gaje shi a wurin Ray shi ne Soumendu Roy, mataimakinsa tun Pather Panchali. Shi ya ɗauki Teen Kanya a 1961 lokacin da Mitra yake fama da ciwon ido, daga baya ya ɗauki su Aranyer Din Ratri da Sonar Kella da Shatranj Ke Khilari. Ya rasu a 2023. Shi ma gwani ne, kuma hasken da ya tafi da shi na gidan Mitra ne.

Mitra bai tsaya a Bengali kaɗai ba. Ya ɗaukar wa darakta James Ivory da furodusa Ismail Merchant finafinai 4: The Householder, Shakespeare Wallah, The Guru da Bombay Talkie. Akwai kuma wanda zai fi maka kusa, Teesri Kasam na 1966, cikin harshen Hindi, inda Raj Kapoor ya fito a matsayin mai amalanken shanu, Waheeda Rehman kuma mai rawa a dandalin ƙauye. Ka kalle shi ka gwada da sauran finafinan Raj Kapoor na wancan lokaci, za ka ga bambancin da idonka: hasken da ke cikin rumfar amalanken ta bakin rumfar yake shigowa. Bayan 1970 aikinsa ya ja baya ƙwarai. Sai a tsakiyar shekarun 1980 ya dawo da New Delhi Times, wanda ya ba shi kyautar ƙasa ta ɗaukar hoto, kuma a 1986 gwamnatin Indiya ta ba shi lambar girma ta Padma Shri. Manyan finafinansa duka ba su kai 20 ba. Ga mutumin da ya fara yana ɗan shekara 21 ya kuma rayu har 71, wannan kaɗan ne, kuma ina ganin asara ce ga silimar Indiya da ta bar irin wannan ido ya zauna shekaru ba aiki. Ƙarshen rayuwarsa a koyarwa ya yi shi, a makarantar fim da talabijin ta Kalkata mai ɗauke da sunan Satyajit Ray, daga 1997 har rasuwarsa ranar 7 ga Disamba, 2001.

Saura kaɗan ma aikin nasa na farko ya salwanta. A 1993 gobara ta tashi a wani ɗakin wanke fim a Landan inda aka ajiye asalin faifan Pather Panchali da Aparajito da Apur Sansar, suka ƙone sosai. An adana ragowar, kuma bayan shekaru ma'ajiyar fim ta masu ba da kyautar Oscar, da kamfanin Criterion, da wasu ƙwararru a birnin Bologna na Italiya suka haɗu suka lallaɓa abin da ya tsira, suka cike sauran daga wasu kwafe. A 2015 aka fito da su a gyare. Wannan gyararren nake so ka nema, domin tsofaffin kwafen da ke yawo a intanet sun dushe, duhun ya cushe, farin ya ƙone, ba za ka ga abin da nake faɗa maka ba.

In ka samu Aparajito, ka kashe sauti, ka je wurin da mahaifiyar Apu take aikace-aikacenta a tsakar gidan Banaras. Ka tsayar da hoton. Ka duba saman kanta da kafaɗunta, ka duba ƙarƙashin haɓarta, ka duba ƙasa kusa da ƙafafunta ka ga inda 'yar inuwar ta taru. Ka duba bakin ƙofofin ɗakuna yadda hasken yake raguwa a hankali har ya zama duhu. Sannan gobe da hantsi, kafin rana ta leƙo kan katanga, ka fita tsakar gidanku ka tsayar da ƙanwarka a tsakiya, ka duba waɗannan wurare huɗu a jikinta.